Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Kwamitin Editoci Kan Rikicin Madogara a Maƙalolin Tarihin Farkon Musulunci

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Ya ku malamaina da 'yan'uwana na kwamitin editoci, Allah ya ƙara muku lafiya da nisan kwana, ya saka muku da alheri bisa ɗawainiyar da kuka ɗauka ta kula da wannan kundin ilmi namu na Hausa, alhali babu mai biyanku ko sisi. Ina rubuto wannan wasiƙa ne a madadin wasu daga cikin marubutan sa kai da ke aikin maƙalolin Sira da na zamanin Halifofi Shiryayyu. A cikinmu akwai malaman sakandare irina, akwai ɗaliban jami'a, akwai kuma almajiran zaure da suka sauke littattafai a gaban malamai, kuma ba fahimtarmu ɗaya ba a wasu al'amuran addini, amma bakinmu ya zo ɗaya a kan abin da zan faɗa. Mun zaɓi mu faɗe shi a bainar jama'a ne saboda masu karatu su ne lamarin ya fi shafa.

A watan da ya gabata kun yanke shawarar kulle maƙalolin da suka shafi yaƙe-yaƙen farko da zamanin fitina a kan yadda mai gyara na ƙarshe ya bar su, kuka kuma ce duk bayanin da aka yi jayayya a kan madogararsa a cire shi har sai an sami matsaya. Mun san gajiya ce ta kawo haka, domin mun ga yadda mutum biyu za su kwana suna share aikin juna, wannan ya rubuta wancan ya goge. Sai dai maganin da kuka ba da bai taɓa ciwon ba, kuma ya haifar da wasu matsalolin da muke roƙon ku saurara.

Kukanmu na farko shi ne, idan aka bi dokar cire duk abin da aka yi saɓani a kansa, to kusan babu abin da zai rage a tarihin ƙarni na farko na Hijira, domin saɓanin tun daga malaman farko ya taso. Ku ɗauki yaƙin Gwalalo, wato Khandaƙ. Ibn Ishaƙ ya ce an yi shi a watan Shawwal na shekara ta 5, shi kuwa Musa ɗan Uƙba ya ce a Shawwal na shekara ta 4 ne, kuma maganar Musa ce Imam Buhari ya kawo a farkon babin wannan yaƙi a cikin Sahihinsa. Yaƙin Yarmuk, Saifu ɗan Umar ya sanya shi a shekara ta 13, Ibn Ishaƙ da Waƙidi suka ce a Rajab na shekara ta 15 ne. Yaƙin Ƙadisiyya kuwa an ce 14, an ce 15, an ce 16. Hatta ranar haihuwar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, wadda aka fi sani da 12 ga Rabi'ul Awwal, akwai malaman da suka ce 8 ga wata ne, akwai masu lissafin falaki da suka ce 9. Yanzu haka maƙalar yaƙin Gwalalo tana nan babu shekara a cikinta ko kaɗan, saboda an cire ta bisa umarninku, ita kuwa maƙalar Yarmuk an kulle ta da shekara ta 13 a matsayin tabbas, don kawai mai wannan ra'ayi shi ya riga taɓa ta kafin a sa kwaɗo.

Na ga illar wannan da idona. Na ba ɗalibaina na aji biyu na babbar sakandare aikin gida a kan yaƙin Yarmuk, sai wata yarinya mai ƙwazo ta kawo mini shekara ta 13, ɗan'uwanta da ya duba littafin mahaifinsu ya kawo 15. Suka tsaya a gabana kowa na cewa ɗayan ne ya yi kure, ita tana nuna mini wayar yayarta, shi yana rungume da littafi mai yagaggen bango. Da maƙalar ta ce akwai ruwayoyi biyu, ta faɗi mai kowace ruwaya, ta kuma faɗi cewa mafi yawan masana sun karkata ga shekara ta 15, wato 636 Miladiyya, da yaran nan sun koyi abin da ya fi shekarar kanta amfani.

Kuka na biyu, kuma a nan ne muka fi jin ciwo, shi ne yadda aka mayar da kalmar "Ɗabari ya ce" ta zama sandar kashe baki. Duk wanda ya kawo juzu'i da shafi daga Tarihin Ɗabari sai a ce magana ta ƙare. To amma shi Imam Ɗabari, wanda ya rasu a shekara ta 310 bayan Hijira, wato 923 Miladiyya, ya faɗa da bakinsa a gabatarwar littafin cewa idan mai karatu ya ci karo da labarin da zai ƙi shi ko ya ga muninsa, to ya sani ba daga gare shi ba ne, daga waɗanda suka ruwaito masa ne, shi dai ya isar ne kamar yadda aka isar masa. Ma'ana, mutumin ya tara ruwayoyi ne da isnadinsu, wato jerin mutanen da suka ruwaito su, ya bar wa mai ilmi aikin tankaɗe da rairaya. Saboda haka idan an ce abu yana cikin Ɗabari, tambayar da ta dace ita ce, daga wa Ɗabari ya ɗauko?

Wannan tambaya tana da nauyi ƙwarai a labarin fitina. Kaso mai yawa na abin da Ɗabari ya kawo game da yaƙe-yaƙen Ridda, da kisan Sayyidina Usman, da yaƙin Raƙumi na shekara ta 36, ta hanyar Saifu ɗan Umar Attamimi ya zo, mutumin da malaman hadisi suka raunana, kuma ta hanyarsa ne mafi yawan labarin rawar da Abdullahi ɗan Saba ya taka a fitinar ya shigo littattafan tarihi. Kaso mai yawa na labarin Siffin na shekara ta 37 da na Karbala na shekara ta 61 kuwa ta hanyar Abu Mikhnaf Luɗu ɗan Yahaya ne, mutumin Kufa da ya rasu a shekara ta 157, wanda shi ma malaman hadisi suka raunana, suka kuma ce yana karkata ga Shi'a. Abin da ya faru a maƙalar yaƙin Raƙumi shi ne, mai gyara ɗaya ya cika ta da ruwayoyin Saifu yana rubuta "Ɗabari", ɗayan ya share ya kawo wasu ruwayoyin masu akasin haka shi ma yana rubuta "Ɗabari", kowannensu na zargin abokinsa da yi wa littafi ƙarya, alhali dukkansu gaskiya suka faɗa game da shafin da suka buɗe. Masu karatunmu kuwa, kun sani, akwai ɗan ɗariƙa, akwai ɗan Izala, akwai ɗan Shi'a, kuma kowannensu idan ya ga an ɗauki ruwayar ɓangare ɗaya an shimfiɗa ta a matsayin abin da ya faru ba tare da an ambaci mai ita ba, sai ya yanke hukuncin cewa kundin nan na wasu ne, ya daina buɗe shi.

Na uku, har yanzu ba ku faɗa mana da wane ma'auni ake auna littattafan Sira da Magazi, wato labarin yaƙe-yaƙen Manzon Allah, ba, sai aka bar kowa yana zuwa da nasa mudun. Akwai masu cewa duk abin da bai inganta bisa sharaɗin malaman hadisi ba a cire shi, don haka suka bi maƙaloli suna share duk inda sunan Waƙidi ya fito. Gaskiya ne Imam Buhari da wasunsa sun yi watsi da Waƙidi a fagen hadisi, amma almajirinsa kuma magatakardansa Ibn Sa'ad ya gina babban ɓangare na littafin Ɗabaƙat a kan ruwayoyinsa, kuma manyan malamai irin su Ibn Kasir da Ibn Hajar sun ci gaba da ɗauko bayanan yaƙe-yaƙe daga gare shi. An ruwaito daga Imam Ahmad ɗan Hambali cewa fannoni uku ba su da asali, wato Magazi da Malahim (labarin yaƙe-yaƙen ƙarshen zamani) da Tafsiri, kuma malamai sun fassara maganar da cewa galibin ruwayoyinsu ba su da cikakken isnadi. Hafiz Iraƙi ma ya gargaɗi ɗalibi a cikin baitocinsa na Sira cewa littattafan Sira suna tattara ingantacce da wanda aka yi inkarinsa. Malamai ba su jefar da fannin saboda wannan ba, sai suka bambance: abin da ya shafi aƙida ko hukunci ko mutuncin wani sahabi a tsananta masa bincike, abin da ya shafi sunan rijiya ko hanyar da runduna ta bi ko wanda ya riƙe tuta a sassauta. Wannan ita ce hanyar da Dokta Akram Diya'ul Umari ya bi a zamaninmu a littafinsa na ingantacciyar Sira.

Har ila yau an kawo maganar cewa Imam Malik ya soki Ibn Ishaƙ da kakkausar murya, don haka wai a cire shi. Sukar ta faru, amma malamai irin su Zahabi sun sanya irinta a babin maganar tsara a kan tsara, wadda ba a gina hukunci a kanta. Idan kuwa aka cire Ibn Ishaƙ, wanda ya rasu wajen shekara ta 150, to Sirar Ibn Hisham ma ta tafi, tunda taƙaitawa ce da gyara na littafinsa, kuma shi Ibn Hisham ya faɗa a fili cewa ya bar wasu waƙoƙin da masana waƙa ba su san su ba, da wasu labaran da ambatonsu zai ɓata wa wasu mutane rai. Ga edita nan tun shekaru fiye da dubu da suka wuce yana sanar da mai karatu abin da ya cire da dalilin cirewa, mu kuwa ana share sakin layi biyar ba tare da an bar ko jimla ɗaya ta bayani ba.

A ɗaya gefen kuma akwai masu ɗaukar duk lambar da suka gani a tsohon littafi kamar saukakkiya. An kulle maƙalar Ƙadisiyya da cewa rundunar Farisa ta haura 200,000. Ibn Khaldun, wanda ya rasu a 1406 Miladiyya, ya riga ya yi maganar wannan a Muƙaddima lokacin da yake sukar marubuta tarihi a kan zuzuta adadin mayaƙa. Ya ce Saifu ne ya ruwaito 120,000, waɗanda idan aka haɗa da barorinsu za su wuce 200,000, amma wata ruwayar da aka jingina ga Nana A'isha da Zuhuri ta ce 60,000 ne. Ya kuma ja hankali cewa a auna irin waɗannan lambobi da hankali, a duba ko ƙasar za ta iya ciyar da su, ko filin daga zai ɗauke su. Wanda ya so ya saka wannan bayani a maƙalar an ce masa yana rage wa sahabbai daraja, kamar dai jaruntar Sa'ad ɗan Abi Waƙƙas, kwamandan Musulmi a wannan yaƙi, ta rataya ne a kan ƙirgen Saifu.

Kuka na huɗu ya shafi auna madogara da addini ko ƙasar marubucinta. Wasu daga cikinmu sun ce kada a karɓi komai daga Bature ko wanda ba Musulmi ba, wasu kuma, galibi waɗanda ke fassaro maƙaloli daga Turanci, sun ce abin da jami'o'in Turai suka buga kaɗai ne abin dogaro. Labarin ƙona ɗakin karatun Iskandariyya ya isa ya nuna kuskuren na farkon. Ana cewa Amru ɗan Asi, kwamandan da ya ci Masar, ya ƙone littattafan da umarnin Sayyidina Umar, har aka yi wata shida ana hura wutar gidajen wanka da su. Wannan labari a littattafan Larabci ya fara fitowa, wajen Abdullaɗif Bagadadi da Ibnul Ƙifɗi a ƙarni na 13 Miladiyya, wato kusan shekara 600 bayan cin Masar. Ibn Abdul Hakam da Balazuri, waɗanda suka rubuta labarin cin Masar tun ƙarni na 9, ba su ambace shi ba, haka ma Yohanna na Nikiyu, limamin Kiristan Masar da ya rayu a ƙarshen ƙarni na 7, wanda ba ya ƙaunar Amru ko kaɗan. Daga cikin waɗanda suka rusa labarin akwai Turawan Ingila, Edward Gibbon da kuma Alfred Butler a littafinsa na 1902. Da za a bi dokar "Musulmi kawai", da sai mu riƙe ƙazafin da aka yi wa Sayyidina Umar mu jefar da hujjar da ta wanke shi.

Akwai kuma shaidun da ba su bi ta hannun mai ruwaya ba sam. A birnin Biyana na ƙasar Ostiriya akwai wata takarda daga Masar, an rubuta ta da Larabci da Girkanci a watan Jimada Ula na shekara ta 22, rasiɗi ne na tumaki 65 da aka ba rundunar Musulmi, kuma ta nuna cewa ana aiki da kalandar Hijira tun zamanin Umar. Kusa da al-Ula a Saudiyya akwai rubutu a jikin dutse na wani mai suna Zuhairu, wanda ya ce ya rubuta ne lokacin da Umar ya rasu, shekara ta 24. An cire ambaton takardar farko daga maƙalar kalandar Hijira wai don Turawa ne suka karanta ta. Su ma masu cewa "jami'ar Turai kawai" ba su tsira ba. Littafin Hagarism na Patricia Crone da Michael Cook da ya fito a 1977 ya ajiye ruwayoyin Musulmi gefe ya gina wani labari dabam, kuma mafi yawan masana na Turai kansu ba su karɓi abin da ya kai gare shi ba. Ra'ayin Joseph Schacht na 1950 game da ƙirƙirar isnadi ya sha martani daga Muhammad Mustafa A'azami, sannan binciken Harald Motzki a kan littafin hadisi na Abdurrazzaƙ mai suna Musannaf ya nuna cewa ruwayoyi da dama sun girmi lokacin da Schacht ya zata. Amma ga maƙalarmu ta tarihin hadisi an fassaro ta da ra'ayin Schacht shi kaɗai, kamar babu wanda ya taɓa ba shi amsa.

Zan taɓa na biyar a gurguje. Ana kafa hujja da muryar wa'azi da aka turo ta WhatsApp, ba a san ranar da aka yi shi ba, ba a san littafin da malamin ya karanta ba. Ana kuma kafa hujja da littafin Futuhush Sham da ake jingina wa Waƙidi, alhali masu bincike sun nuna cewa an rubuta shi ne ƙarnuka bayan rasuwarsa. Ta irin wannan hanya ce wata maƙala ta kawo Uƙba ɗan Nafi'u, kwamandan Musulmi a Arewacin Afirka, har cikin ƙasar Hausa. Abin da Ibn Abdul Hakam ya ruwaito shi ne Uƙba ya bi ta Waddan da Fezzan ya kai Kawar, wato yankin Bilma a arewa maso gabashin Nijar ta yau, a shekara ta 46, daga nan ya juya. Ruwayoyin asali da ke danganta Fulani da wani Uƙba suna da matsayinsu, kuma sun cancanci a kawo su da sunansu na ruwayar asali, amma ba a cusa su cikin tarihin shekara ta 46 ba.

Na ƙarshe shi ne yadda ake yanke hukunci idan rikici ya zo gabanku. Sau da yawa wanda ya fi daɗewa ko wanda ake jin nauyinsa shi ke yin nasara, ba a rubuta dalili, kuma babu inda wanda aka kayar zai kai kuka. Mun rasa wani ɗalibi da ya iya Larabci sosai, wanda ya shafe makonni yana bin ruwayoyin Siffin ɗaya bayan ɗaya yana rubuta mai kowace, aka share aikin cikin dare ɗaya da kalmar "ba a yarda ba". Bai sake rubuta ko harafi ba, kuma irinsa ba su da yawa a cikinmu.

Saboda haka, ranku ya daɗe, ga abin da muke roƙo. Muna roƙon ku janye dokar cire bayanin da aka yi saɓani a kansa, ku maye gurbinta da dokar jingina magana ga mai ita, ta yadda maƙala za ta ce Ibn Ishaƙ ya ce kaza, Musa ɗan Uƙba ya ce kaza, mafi yawan malamai sun rinjayar da kaza. Wannan ba baƙon abu ba ne a wajenmu, domin Abdullahi ɗan Mubarak ya ce isnadi yana daga cikin addini, ba don shi ba da kowa ya faɗi abin da ya ga dama, kuma maganar tana nan a gabatarwar Sahihu Muslim. Muna roƙon a wajabta wa duk mai kafa hujja da Ɗabari ko Balazuri ko Ibn Sa'ad ya ambaci mai ruwayar da aka ɗauko daga gare shi, tare da juzu'i da shafi da bugun da ya yi aiki da shi, tunda shafukan bugun Alƙahira ba su dace da na Bairut ba.

Muna roƙon ku fitar da rubutacciyar ƙa'ida, ko da shafi biyu ne, da za ta bambance tsohuwar ruwaya da binciken masana na baya, ta faɗi inda ake tsanantawa da inda ake sassautawa, ta kuma bayyana cewa ana auna littafi ne da hujjarsa da kusancinsa da zamanin da yake magana a kai da yadda masana fannin suka karɓe shi, ba da ƙasar marubucinsa ba. Ra'ayin da masana ƙalilan suka riƙe a ambace shi gwargwadon girmansa tare da martanin da aka yi masa. Muryar wa'azi kuwa a nemi littafin da malamin ya dogara da shi a kafa hujja da littafin, wanda hakan ya fi zama girmamawa ga malamin kansa.

Muna kuma roƙon ku kafa wani ƙaramin zama na mutum uku ko biyar don sauraron irin waɗannan rikice-rikice, a sami wanda ya san ilmin hadisi da maruwaita, da wanda ya karanci tarihi a jami'a, kuma kada dukkansu su fito daga fahimta ɗaya. Duk wanda ke da hannu a jayayya kada ya zauna a kanta, a ba su mako biyu, su rubuta dalilin hukuncinsu inda kowa zai gani, a kuma bar ƙofar sake dubawa idan wani ya zo da sabuwar hujja. Idan ya zama dole a kulle maƙala kafin su gama, a sa sanarwa a samanta cewa ana saɓani a kan wani ɓangare nata, a kuma faɗi ranar da za a buɗe.

Mu a namu ɓangaren mun shirya daftarin gyaran maƙalolin Gwalalo da Yarmuk da Ƙadisiyya bisa wannan tsari, kuma a shirye muke mu miƙa muku su ku duba, ku gyara inda muka yi kure. Muna fatan samun amsarku a rubuce kafin zamanku na wata mai zuwa, kuma idan kun ga ya dace, wakilanmu biyu za su halarta da littattafan a hannu.

Wassalamu alaikum wa rahmatullah.

Naku,
Wani malamin tarihi daga Zariya, a madadin abokan aikinsa marubutan sa kai.